Masu Aro: kundin aikin ƙirƙirar ɓatacciyar ƙungiyar asirin magina

9 ga Janairu

Abin da ake ginawa shi ne babi guda na littafin ƙagaggiyar duniya, wanda za a yi amfani da shi a wasan labari na kan tebur. Babin na wata ƙungiyar asiri ce ta magina masu sihiri da ta shuɗe, ta bar gadoji, ƙubbobi da hasumiyoyin da babu wanda ya san abin da ke riƙe da su. Sunan aiki: Masu Aro.

Sharaɗin da aka amince da shi tun yau: duk wata dokar sihiri sai ta zo da adadi da kuma farashi. Idan aka ce kawai "sihiri ne ke riƙe da ginin", kangon ya zama ado, 'yan wasa za su wuce shi ba tare da sun iya fahimtar komai daga jikinsa ba. Ana son ɗan wasa ya dubi tsagar bango ya gane saura shekara nawa ginin ya faɗi, da inda ya kamata ya nemi dalili.

Daftarin doka ta farko: ana sassaƙo dutse guda mai faɗin rabin mita ta kowace fuska, a tsaga shi biyu. Rabi ɗaya, dutsen aro, ana saka shi a cikin gini. Ɗaya rabin, dutsen jingina, ana kai shi wani wuri mai nisa. Nauyin da ya hau na farko yana bayyana a kan na biyu. Sihirin bai kashe nauyi ba, wurin zama ya sauya masa. Kowane tagwai yana ɗaukar tan 250.

Gwajin lissafi: ƙubba rabin ƙwallo mai faɗin mita 30 da kaurin mita 1 tana da kimanin mita 1,400 na dutse a ma'aunin cika. Dutsen gini yana kai tan biyu da rabi a kowace mita ta cika, wato kusan tan 3,500 ke nan. Tagwaye 14 sun ɗauke ta gaba ɗaya.

16 ga Janairu

Dokar farko ba za ta zauna ba. Matsalar ta fito ne da aka zana hanyar da ƙarfi ke bi a cikin baka, wato lanƙwasasshen ginin da ke saman ƙofa ko ƙarƙashin gada.

Ginin dutse ba kasafai yake rushewa don dutse ya murƙushe ba. Dutse yana jure danni fiye da abin da ake ɗora masa nesa ba kusa ba. Abin da ke kayar da baka ko ƙubba shi ne turin gefe: baka tana neman buɗe ƙafafunta, tana tura bangon da take zaune a kai zuwa waje. Nauyin bangon ne ke karkatar da wannan turi zuwa ƙasa, ya tsare shi a cikin kaurin ginin. Shi ya sa maginan manyan coci-coci na Turai suke ɗora ƙananan hasumiyoyi a kan madogaran bango, ƙarin nauyi ne da gangan. To idan Masu Aro suka kwashe nauyin bango suka aika wani wuri, sun zare abin da ke hana shi kifewa. Magini mai hankali ba zai yi haka ba.

Misalan tarihi da aka ajiye a gefen tebur. Aya Sofiya ta Istanbul an kammala ta a 537, ƙubbarta ta farko shimfiɗaɗɗiya ce, ta faɗi a 558 bayan girgizar ƙasa, wadda aka sake ginawa aka gama a 562 an ɗaga ta da kusan mita shida don rage turin. Cocin Beauvais a Faransa, mai rufin da ya kai mita 48, wani sashe nasa ya rufto a 1284, da aka tashi gyara sai aka ƙara ginshiƙai tsakanin tsofaffin. Pantheon ta Roma kuwa, mai faɗin mita 43, tana nan tsaye saboda ƙasan ƙubbarta yana da kaurin kusan mita shida, samanta bai wuce mita ɗaya da 'yan kai ba, kuma an yi amfani da duwatsu marasa nauyi a kwaɓin sama.

Sabuwar doka: tagwayen dutse turi suke ɗauka, kuma a tsaye ake girka su, fuskar tsagar tana kallon inda turin ke nufa. Ƙarfin yana fita ta fuskar tsagar ɗaya rabin. Saboda haka dutsen jingina dole a jingina shi da wani abu da ba ya motsi: fuskar tsauni, bangon kogo, ko wani ginin da ke turi ta ɗaya ɓangaren. Nauyi kuwa yana nan inda yake, tushe ne ke ɗaukarsa kamar kowane gini.

Wannan ya ba gine-ginensu kamanni na daban ba tare da an ƙaƙaba ba. Bangaye sirara, babu madogarai a waje, bakuna shimfiɗaɗɗu da ido ke cewa bai kamata su tsaya ba. Tushensu kuma na kowa ne, mai zurfi, don ƙasa mai laushi tana cin gininsu kamar yadda ta karkatar da hasumiyar Pisa.

30 ga Janairu

Lissafin turi ga mai jan ragamar wasa. Ana son abin da za a yi a bayan takarda cikin minti ɗaya.

A ɗauki nauyin da ke kan kowace mita ta gada, a ninka da tazarar bakar sau biyu (tazara sau tazara), a raba da tashin bakar (tsayinta daga ƙafa zuwa tsakiya) sau takwas. Gada mai tazarar mita 40, tashi mita 5, nauyi tan 20 a kowace mita: 20 sau 1,600 ya ba da 32,000, a raba da 40, turi tan 800 a kowane gefe. In tashin ya zama mita 10, turin ya koma 400. Duk lokacin da aka rage tashi da rabi, turi ya ninka. Abin da ya sami Aya Sofiya ke nan a taƙaice, kuma shi ne ma'aunin girman kan magini a wannan duniya: gwargwadon shimfiɗewar bakarsa, gwargwadon yawan tagwayen da ya ci.

Tan 800 a raba da 250 ya ba da uku da ɗoriya, sai aka rubuta huɗu a kowane gefe. Huɗu sun riƙe gadar, amma ba za a iya yi mata hidima ba: ranar da aka cire tagwai ɗaya don sabuntawa saura tan 750, gadar ta tafi da masu gyaranta. Ƙa'idar da ta shiga littafi: adadin da ake buƙata, a cika shi zuwa sama, a ƙara ɗaya. Gadar nan biyar-biyar, goma gaba ɗaya. Gine-ginen sarauta da na ibada ana ba su ninki biyu da rabi zuwa uku na buƙatarsu. Wannan rarar ita za ta raba wanda ya faɗi da wanda ke tsaye.

Surar baka kuwa ba sihiri ba ce, sani ne na gaske da ya isa a ɓoye. Sarƙa idan aka rataye ta a ƙusa biyu, surar da ta yi, in aka kifa ta, ita ce surar bakar da za ta tsaya da danni zalla. Robert Hooke ya gano haka a Ingila, ya kuma buga shi wajen 1675 da haruffan Latin a hargitse don kada a riga shi, ba a warware ba sai bayan mutuwarsa. Giovanni Poleni ya yi amfani da sarƙa mai nauyaye wajen binciken tsagewar ƙubbar Saint Peter a Roma, ya wallafa a 1748, aka kuma ƙara wa ƙubbar zobban ƙarfe. A ɗakunan zanen Masu Aro 'yan wasa za su tarar da ƙusoshi jere a bango da sarƙoƙi masu tsatsa a rataye. Wanda ya kifa zanen ya ga gadar da ya tsallako da safe.

13 ga Fabrairu

Agogon lalacewa. Wannan sashe ya fi kowane cin lokaci, domin shi ke yanke shekarar da wasan zai faru.

An ɗaure rayuwar sihirin da kwaɓin farar ƙasa, saboda halinta na gaske ya dace. Ana ƙona dutsenta a zafin da ya kai digiri 900, a jiƙa ta da ruwa ta zama kamar kullu, a haɗa da yashi. Ba ta daskarewa da ruwa irin siminti. Iskar da ke kewaye take sha a hankali daga waje zuwa ciki har ta koma dutse, kuma a tsakiyar bango mai kauri hakan na ɗaukar shekaru masu yawa. In an bar ta ƙarƙashin ruwa ba ta taurara ko kaɗan, ƙara kyau ma take yi. Pliny, marubucin zamanin Romawa, ya ambaci tsohuwar dokar gini ta Roma da ta hana amfani da farar ƙasar da ba ta shekara uku a jiƙe ba.

Dokar Masu Aro: rabi biyu na tagwai ana zaunar da su a kan kwaɓi daga rami ɗaya, na farar ƙasar da aka ƙona daga mahaƙar da dutsen ya fito, wadda ta shekara uku a jiƙe. Kaurin kwaɓi santimita ɗaya, kashi ɗaya farar ƙasa, kashi biyu lallausan yashi. Muddin zuciyar kwaɓin ɗanya ce, haɗin yana da cikakken ƙarfi. Shekara 40 ke nan. Bayan haka ya fara saki.

Salon saki na farko da aka gwada: kowace shekara goma a rasa kashi ɗaya cikin goma na ƙarfin asali. Da wannan, a shekara ta 140 babu sauran komai, alhali daftarin tarihi ya ce ƙungiyar ta ɓace shekara 300 da suka wuce. Babu ginin da zai rage a gani. An sauya zuwa rasa kashi ɗaya cikin goma na abin da ya rage. Ko da haka, a shekara ta 300 saura kashi shida da rabi cikin ɗari, wanda bai riƙe ko ƙofar gari ba.

Maimakon a lanƙwasa lissafi, tarihin aka gyara. Ƙungiyar ta ɓace shekara 120 kafin lokacin wasa. Matakin saki takwas ke nan, saura kashi 43 cikin ɗari. Abin da ya biyo baya ya tsara kansa:

Gada mai biyar-biyar (tan 1,250 kan buƙatar 800) ta faɗi tsakanin shekara ta 80 da ta 90. Duk ginin da rararsa ba ta kai ninki 2.3 ba kango ne yanzu. Mai ninki biyu da rabi zai faɗi wajen shekara ta 127. Mai ninki uku yana da har wajen ta 144.

Wato wasan yana buɗewa ne a lokacin da gadojin talakawa suka daɗe da zubewa, fadoji da wuraren ibada kuma saura musu shekara bakwai zuwa ashirin da 'yan kai. Shekara 120 ta kuma fi 300 amfani ta wata fuskar: babu shaidar gani da ido a raye, amma akwai tsofaffin da kakanninsu suka ɗauki kwaɓi wa Masu Aro, suna riƙe da guntun bayani, rabinsa a karkace.

20 ga Fabrairu

Sabuntawa tana buƙatar a ɗaga rabi biyun a lokaci guda, a kankare tsohon kwaɓi, a shimfiɗa sabo, a mayar, duk cikin sa'a ɗaya. Iyakar nisa tsakanin tagwaye kilomita 200. Ta yaya tawaga biyu za su dace ba agogo? Da inuwar tsakar rana. A duniya mai girman tamu, tsakar rana tana bambanta da minti huɗu a kowane digiri daga gabas zuwa yamma, digiri kuma kilomita 111 ne a tsakiyar duniya. Kilomita 200 bai wuce minti bakwai ko takwas a can ba. Ya shiga cikin sa'ar. Kowane wurin jingina zai sami ƙaramar huda a rufi da layi a ƙasa, alama ce mai kyau ga mai nema. Ranar hadari ana ɗage aiki zuwa ranar da aka riga aka ajiye, kuma nan ne haɗari yake: rana a wuri ɗaya, gajimare a ɗayan.

6 ga Maris

Samfurin kan tebur, don a ga yadda rushewa take da ido kafin a rubuta ta.

Baka rabin da'ira, faɗin ciki santimita 60, tubala 15 na garin filasta, kowane yana cin digiri 12, kauri santimita 5, zurfi 8. Kwaɓin filasta: awo 100 na gari, 70 na ruwa, da nauyi. A zuba gari cikin ruwa, in an juya tsarin yana yin gudaji. Nauyin bakar duka ya kusa kilo biyar. An jera tubalan a kan katakon tallafi ba tare da gam ba, aka sa na tsakiya, aka zare katakon a hankali.

Tubalan da suka fito daga mazubin roba suna da santsi, suna zamewa kafin su buɗe. Dutsen gaske ba ya haka, sai gangara ta wuce digiri 30 yake fara zamewa a kan ɗan'uwansa. An goge fuskokin da sanfefa mai kaushi, matsalar ta kau. An kuma zuba wani jeri mai kaurin santimita biyu da rabi, shi ko tsayawa bai yi ba, kuma haka ya kamata: baka rabin da'ira tana buƙatar kaurin da ya ɗan haura kashi ɗaya cikin goma na rabin faɗinta kafin ta ɗauki nauyin kanta.

Kwaikwayon sihirin: kowace ƙafa tana kan ɗan allo, allon yana kan fensirori biyu masu gangarawa, da toshi ta ciki don kada ya matso. Zare daga allon ya bi ta kan ƙaramar taya a bakin tebur na ɗaya gefen, ya riƙe gorar ruwa lita biyu. Ruwan shi ne ƙarfin tagwaye. Kowane mataki ana zubar da kashi ɗaya cikin goma na abin da ya rage.

Har mataki na tara babu ko motsi. A na goma komai ya watse lokaci guda. Dalili: da zarar ƙafafu sun fara buɗewa, baka tana sunkuyawa, tashinta ya ragu, turinta ya ƙaru, ruwan kuma bai ƙaru ba. Babu gargaɗi. A lissafi daidai ne, a wasa kuwa bai da amfani, don ginin da ba ya nuna alama ba a iya ceton sa.

An sa guntun soso a bayan kowane allo, a matsayin bango da ƙasar da ke ɗaukar wani kaso suna ba da kai a hankali. Sai matakan suka fito sarai. Da farko tsaga ta buɗe a ƙasan tubalin tsakiya. Sai biyu a kafaɗu, ta waje, wajen digiri 54 daga sama. Da waɗannan uku baka tana tsaye lafiya, tana iya shekaru a haka. Tsakiya na ci gaba da sauka, kuma ranar da tsaga ta huɗu ta buɗe a ƙafa, shi ke nan.

Abin da ya shiga littafi: alamu huɗu. Tsaga kamar gashi a ƙasan tsakiya, saura fiye da shekara goma. Tsagar kafaɗa da yatsa ke shiga, shekara uku zuwa goma. Tsakiya ya sauka har ruwan sama na kwanciya a kai, ƙasa da shekara uku. Ƙura na zuba daga gaɓoɓin ƙafa, a fita. Ga ƙubba alamun daban ne: tsagogi suna tashi daga ƙasa zuwa sama suna raba ta sala-sala, domin daga digiri 52 zuwa ƙasa zoben ƙubba ja yake sha, kuma dutse ba ya jure ja.

27 ga Maris

Me ya sa asiri? Amsar "don kishin sana'a" ba ta isa ta sa mutum ya mutu da magana a cikinsa ba. Tsarin da kansa ya ba da amsa mafi ƙarfi: wanda ya san inda duwatsun jinginar fada suke, da guduma da dare ɗaya zai rusa ta daga nisan kwana biyar. Wurin jingina shi ne maƙogwaron gari. Sarakuna ma ba a gaya musu nasu, don sarkin da ya san nasa zai nemi na maƙwabcinsa.

Kishin sana'a yana nan a matsayin rufi na sama, kuma yana da tushe a tarihi. Taron magina a Regensburg ta Jamus a 1459 ya hana koya wa wanda ba ɗan sana'a ba yadda ake fitar da tsayin gini daga zanen ƙasa. A 1486 Mathes Roriczer ya buga ɗan littafi ya bayyana hanyar. A duniyar Masu Aro ba a sami mai yin haka ba.

Matakai uku. Masu tsaga su ke zaɓar dutse, su raba shi, su girka. Masu kwaɓi su ke riƙe da matoya da ramukan jiƙo. Masu kundi su kaɗai suka san wane rabi ke tare da wane. Tawagar da ke aiki a gini ba ta taɓa zuwa wurin jinginar wannan ginin ba, ana musanya su.

Yawansu daga aikin aka fitar da shi. Gine-gine 45, tagwaye 900. A raba da shekara 40, tagwaye 22 ko 23 a shekara. Kowace sabuntawa tawaga biyu ce ta mutum huɗu-huɗu, kuma da tafiya da jiran rana ba sa wuce shida a shekara. Tawaga takwas ke nan, mutum 32. Masu kwaɓi 12, masu kundi 7, almajirai kimanin 20. Duka-duka mutum 70 da ɗoriya. Ƙungiya mai wannan girman annoba ɗaya ko sarki ɗaya mai fushi ya ishe ta, don haka ba a buƙatar wani bala'i daga sama.

Kundin mujalladi uku ne. Na farko ya haɗa gini da tambarin da ke jikin kowane dutse. Na biyu ya haɗa tambari da lamba. Na uku ya haɗa lamba da taswirar wurin jingina. Babu rubutun bayani a ko ɗaya, zane ne zalla, kamar naɗaɗɗiyar takardar da ke fadar Topkapi a Istanbul, mai tsawon kusan mita 30 da zane 114 na adon gini, wadda aka yi wa waɗanda suka riga suka san aikin. Tambarin ana sassaƙa shi ne a kan layin tsaga kafin a raba dutsen, kowane rabi ya tafi da rabin tambari. An zana 40 zuwa yanzu, da layi madaidaici kawai, uku zuwa shida, don abin da kurfi ke iya yi da sauri ke nan. Shida daga ciki rabinsu ya yi kama da na wasu, za a sake su.

10 ga Afrilu

Gwajin wasa ya nuna ramuka uku a dokar.

'Yan wasa sun mayar da tagwai hanyar aika saƙo: a ƙwanƙwasa nan, a ji can. In aka bari, duniyar ta sami wayar tarho, kuma matsalar tsakar rana ta zama shirme. Gyara: haɗin yana ɗaukar kwana bakwai kafin ya farka bayan girkawa, kuma turi mai ɗorewa kawai yake wucewa. Bugu da girgiza ba sa wucewa. An bar ƙofa ɗaya: in dutsen jingina ya gusa a hankali, na aro yana gusawa daidai da shi. Ana iya aika "e" ko "a'a" sau ɗaya a mako ta haka, da haɗarin tsaga ginin. Wannan ya yi daidai da halin ƙungiyar, an bar shi.

Na biyu, makami: a girka dutsen jingina a jikin ganuwar abokan gaba, turin gada ya ture ta. Wannan halal ne a dokar, kuma ya yi kyau ƙwarai, sai dai ganuwar na faɗuwa gadarku ta bi ta. An rubuta shi a matsayin babban laifi a ƙungiyar, wanda aka taɓa aikatawa sau ɗaya.

Na uku, ɗaukar dutsen jingina a amalanke yana ɗauke da turi. Tan 250 ta gefe babu amalanken da zai tsaya. Mai jan ragama ya ce amalanken ya tarwatse, ya wuce gaba.

Wani abin lura: lissafin raba da takwas ya tsayar da wasa a tebur. An mayar da shi jadawali mai layi shida na tazara da uku na tashi. Dayis ɗaya mai fuska shida yana ba da rarar gini: 1 da 2 kango, 3 da 4 ninki biyu da rabi, 5 ninki uku, 6 an sabunta shi a makare.

24 ga Afrilu

Yadda suka ɓace. A ƙarshen zamaninsu wuraren jingina masu kyau sun ƙare, sai suka fara jingina gini da gini: turin ƙubbar wani gari ya tokare turin gadar wani. Ya rage aikin haƙa da rabi, ya kuma ɗaure garuruwa ba da saninsu ba. Da yaƙi ya tashi tsakanin biyu daga ciki, ɗaya sarkin ya kama masu kundi yana neman maƙogwaron abokin gabarsa, bai san cewa fadarsa ce ke tokare da ita ba. Masu kundi suka ƙona mujalladi na biyu. Na farko da na uku suna nan, ba sa amfana wa kowa komai in babu na tsakiya.

Sauran 'yan ƙungiya ba su watse nan take ba. Sun ci gaba da sabunta tagwayen da suka iya haɗawa da ka, ta hanyar gwada rabin tambari da rabi, har tsawon shekara 25 zuwa 30. Shi ya sa agogon gine-gine bai zo ɗaya ba, kuma nan fuska ta shida ta dayis ta samo asali.

A taswirar farko gine-gine 19 suka shiga sarƙa ɗaya. Guduma ɗaya a wuri ɗaya ta share kusan rabin babin. An yanka: sarƙa ba ta wuce gini huɗu, kuma sarƙoƙi biyar ne kawai, sauran suna jingine da tsauni. Faɗuwar gini ɗaya tana kai wa na gaba cikin kwana bakwai, daidai da jinkirin haɗin, wanda ya ba 'yan wasa mako guda su kwashe mutane ko su kafa tokarai na katako.

8 ga Mayu

Taskar da ake nema a babin farar ƙasa ce. Sabunta tagwai ɗaya yana cin shimfiɗa biyu, kowace rabin mita sau rabin mita sau santimita ɗaya, lita biyar na kwaɓi, wato kimanin lita uku na jiƙaƙƙiyar farar ƙasa in an haɗa da asara. Daftarin da ya bar cikakken rami mai lita 2,000 ya ba da abin sabunta fiye da tagwaye 600, babu sauran zaɓi mai zafi. An mayar da shi randa uku a rufe ƙarƙashin ruwa, lita 20 kowace. Tagwaye 20 ke nan, alhali gine-ginen da ke tsaye suna da fiye da 300. Ana iya ƙona sabuwa, amma sai an gano mahaƙar asali, wadda ruwa ya cinye, sannan a jira shekara uku. Gine-gine huɗu ba za su kai ba.

An gama: dokokin tagwaye, jadawalin turi, agogon saki, alamun tsaga, tsarin matakai, taswirar sarƙoƙi biyar.

Ana kan yi: tambura shida da za a sake, da zanen wurin jingina na misali, mai hudar rana da layin ƙasa. Samfurin ƙubba bai fara ba, yana buƙatar mazubi na tubala masu lanƙwasa ta fuska biyu, kuma filasta mai kaurin santimita biyu tana karyewa wajen cirewa. Za a gwada ƙara zaren auduga a kwaɓin.

Tambayar da ba a rufe ba: hasumiya. Iska turi ne na gefe, amma tana zuwa tana tafiya, kuma dokar 10 ga Afrilu ta hana irin wannan wucewa. Ko dai hasumiyoyin Masu Aro su zama na kowa, ko a ɗaure su da turi na dindindin daga ɓangarori huɗu da ke danne juna, wanda zai sa mutuwar tagwai ɗaya ta ture hasumiyar da kanta. Za a gwada na biyun da gorori huɗu a zama na gaba.